Sara Montiel: me ya dawo da ita Sifaniya daga Hollywood, kuma muryarta ce a finafinan?

Uwar Biyu:

Assalamu alaikum jama'ar zaure. Ina neman ƙarin haske a kan Sara Montiel, 'yar fim kuma mawaƙiyar Sifaniya. Mace ta fito tare da Gary Cooper da Burt Lancaster a 1954, ƙofar Hollywood ta buɗe mata, sai kuma ga ta a gida bayan shekara uku tana fim mai ƙaramin jari. Me ya jawo haka? Sannan waƙoƙin finafinanta ita ce ke rerawa, ko wata ce ta rera ita tana motsa baki? In mutum zai fara kallo, da wanne ya kamata ya fara? Allah ya saka da alheri.

Ɗan Silima:

Wa alaikumus salam Hajiya. Sai an ɗan koma baya kafin amsar ta fito.

Sunanta na yanka María Antonia Abad Fernández. An haife ta ranar 10 ga Maris 1928 a Campo de Criptana, yankin La Mancha, a gidan talakawa, daga baya iyayenta suka koma Orihuela. Ta shiga fim a 1944 tana 'yar shekara 16. A wancan zangon ba ita ke jan fim ba. Ko a *Locura de amor* na 1948, wanda ya yi kasuwa sosai, Aurora Bautista ce babbar jaruma, ita kuma Sara ta fito a matsayin Aldara, masoyiyar sarki da ke hamayya da sarauniya. Amma a riƙe sunan daraktan fim ɗin, Juan de Orduña, domin zai sake shigowa labarin.

A 1950 ta tafi Meziko, inda masana'antar fim ke kan ganiyarta. Can ta zama jaruma ta gaske: finafinai uku da Pedro Infante, da *Cárcel de mujeres*, da *Piel canela* a 1953. Daga nan Hollywood ta hango ta.

To a duba abin da Hollywood ta ba ta. A *Vera Cruz* na Robert Aldrich, 1954, 'yar Meziko ce mai yankan aljihu. A *Serenade* na Anthony Mann, 1956, 'yar Meziko ce kuma, kuma Mario Lanza ne mawaƙin fim ɗin. A *Run of the Arrow* na Samuel Fuller, 1957, an mai da ita 'yar ƙabilar Sioux ta 'yan asalin Amurka, sannan aka cire muryarta aka ɗora ta Angie Dickinson saboda karin harshenta a Turanci. Wato kyan fuskarta suke so, su ajiye ta a gefen jarumi namiji. Wannan gurbi ne da ba a girma a cikinsa, kuma shekarun mace a cikinsa ƙidayayyu ne. Ita kanta ta sha faɗa cewa ta ƙi sa hannu a kwantiragin shekara bakwai don kada a ɗaure ta a irin waɗannan fitowa.

Kuma ba wai ta tattara kayanta ta yi wa Amurka sallama ba. Orduña ne ya nemi ta yi masa *El último cuplé*, aka ɗauke shi a Basalona cikin ƙarancin kuɗi, har aiki yana tsayawa ana jiran a samo abin ci gaba. Ta gama nata ta koma Amurka, a shekarar ma ta auri Anthony Mann. Da aka fara nuna fim ɗin a silimar Rialto da ke Madrid a watan Mayun 1957, sai jama'a suka yi ca, aka yi watanni ana layin tikiti, ya zama ɗaya daga cikin finafinan da suka fi kawo kuɗi a Sifaniya a zamanin. Daga nan lissafi ya canza. A Amurka ita ce ta uku ko ta huɗu a jerin sunaye, a gida kuwa a kanta ake gina fim tun daga rubutun labari. Ni dai a ganina ta zaɓi daidai.

Mai Faifai:

Malam Ɗan Silima ya gama da ta farko. Batun murya kuma, nata ne, Hajiya, kuma nan ne gishirin labarin yake.

Yadda ake aikin shi ne: ana fara ɗaukar waƙa a sitidiyo da makaɗa, a gama ta tsaf. Ranar ɗaukar hoto sai a saki waƙar ta lasifika, jaruma ta bi ta da baki, daga baya a haɗa hoto da sauti. Tsarin da aka sani a finafinan Indiya ke nan, sai dai can yawanci mai rerawa daban, mai fitowa daban. Haka aka shirya yi a *El último cuplé*: wata mawaƙiya ce za ta rera, Sara ta motsa baki. Maganar biyan kuɗi ta hana, dole aka ce Sara ta gwada da kanta.

Matsalar ita ce waƙoƙin nau'in cuplé ne, waƙar gidajen rawa da dandamali ta ƙarshen ƙarni na 19 zuwa shekarun 1920. Matan da suka yi suna da ita, irin su La Fornarina da Raquel Meller, da siririyar murya mai tashi sama suke yi, domin a lokacinsu babu makirufo a dandamali, sai muryar da za ta keta hayaniya ta kai kujerar ƙarshe. Muryar Sara mai kauri ce, ba ta kai can. Sai aka riƙa sauke kiɗan ƙasa mataki-mataki har ya zauna inda maƙogwaronta ke da daɗi. In aka sauke waƙa haka, ƙarfin bugunta yana raguwa, don haka ba a iya ƙwala ta. Sai ta matso kusa da makirufo, ta rage gudu, tana jan kalma, tana barin numfashi ya fito, wani wurin ma kusan magana take yi. A saurari "Fumando espero", tangon da Juan Viladomat ya yi wa kiɗa a 1922: tana kishingiɗe da sigari, kowane baiti sai ta ɗan makara a bayan kiɗa kafin ta kamo shi. Wannan makarar da gangan ce.

Abin da ke ɓata irin wannan aiki shi ne bin baki. Waƙa mai sauri tana ɓoye kuskure, musamman in kyamara na nesa. Waƙa mai jan rai da kyamara a kan fuska ba ta yafiya: harafin da ake rufe leɓe a kansa, kamar b da m da p, in ya sāɓa da sauti ko da ƙiftawar ido ne, mai kallo zai gani. Wadda ta rera da kanta ta san inda ta ja numfashi, shi ya sa nata ke zama daram.

A kuma bambanta cuplé da copla, don ana yawan haɗa su. Copla ita ce ta Concha Piquer da Juanita Reina da Lola Flores, mai ƙamshin Andalus, mai buɗaɗɗiyar murya da kuka a ciki. Ita ce ta mamaye rediyo bayan yaƙin basasar Sifaniya na 1936 zuwa 1939. Cuplé kuwa a 1957 ana ganin ta tsufa, waƙar kakanni ce. Fim ɗin Sara ya taimaka ƙwarai wajen dawo da ita.

Gwaggon Yara:

Bayani ya yi kyau, amma kada a nuna kamar duk abin da ta taɓa zinariya ne. Bayan *La violetera* na 1958, wanda Luis César Amadori ya ba da umarni ta fito da Raf Vallone, sai aka samu ma'auni ɗaya aka yi ta awo da shi: yarinya talaka mai murya, masoyi ɗan manya, danginsa su ƙi, rabuwa, ɗaukaka a dandamali, hawaye, ga waƙa bayan waƙa. *Mi último tango*, *Pecado de amor*, *La reina del Chantecler*, in ka ga ɗaya ka hango sauran. Hukumar tace finafinai ta gwamnatin Franco, mai mulkin Sifaniya a lokacin, ita ma tana da hannu a wannan ma'auni: ana barin mace ta yi rayuwar da aka hana, muddin a ƙarshe ta biya da mutuwa, ko kaɗaici, ko tuba. A *Pecado de amor* gidan mata masu zaman ibada ta ƙare.

Ta kuma san aikin kyamara da fitila, wani ɓangare daga zamanta da Mann, kuma ba ta barin a haska fuskarta yadda aka ga dama. Hakan ya kare ta, ya kuma takura daraktoci. A *Tuset Street* na 1968 saɓaninta da Jorge Grau ya kai ga ya bar aikin, Luis Marquina ya ƙarasa. Ta yi ƙoƙarin sauya hanya da manyan daraktoci, Mario Camus a *Esa mujer* na 1969 da Juan Antonio Bardem a *Varietés* na 1971, amma kasuwa ta riga ta juya. Fim ɗinta na ƙarshe a wancan zango shi ne *Cinco almohadas para una noche*, 1974. Lokacin an fara yayin tsiraici a silimar Sifaniya, ta ce ba da ita ba, ta koma waƙa a dandamali da talabijin har tsufanta. Ta rasu a Madrid ranar 8 ga Afrilu 2013, tana da shekara 85.

Uwar Biyu:

Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara basira. Saura batun inda za a fara. Kuma me ya sa wasu kwafin da ke intanet launinsu ya yi ja-ja, muryar ma kamar ta fi ta faifai siranta?

Mai Faifai:

Ki fara da *Vera Cruz* don ki ga abin da ta baro, sai *El último cuplé*, sai *La violetera*. In kina son ganin ta ba tare da kwalliyar tauraruwa ba, ki nemi *Cárcel de mujeres*.

Jan launin daga fim ɗin kansa ne. *El último cuplé* da Eastmancolor aka ɗauke shi, mai rini hawa uku: shuɗi-kore, ja mai ruwan hoda, da rawaya. In kwafi ya daɗe, musamman a wuri mai zafi da laima, shuɗi-koren ne ke fara kodewa, rawaya ta bi, jan ya rage shi kaɗai. Duk wanda ya kwafo daga irin wannan tsohon faifan silima ba tare da gyara ba, haka zai fito. Ki nemi wanda aka rubuta an sabunta shi daga ainihin fim ɗin kyamara. Alamar mai kyau: baƙar riga ta fito baƙa, ba ruwan ƙasa ba.

Muryar kuma kunnenki bai yi ƙarya ba. Silima tana tafiya da hoto 24 a daƙiƙa, talabijin ɗin Turai mai tsarin PAL kuma 25. Da za a mai da fim kaset ko DVD a Sifaniya, sai kawai a ƙara masa gudu, kusan kashi 4 cikin 100. Fim mai minti 100 ya koma 96, sauti kuma ya ɗaga sama da kusan kashi biyu cikin uku na rabin mataki a ma'aunin tashin sautin kiɗa. A wajen mai siririyar murya ba kowa zai lura ba, amma wadda kaurin murya ne jarinta, asara ce. Gyaran mai sauƙi ne: a manhajar kallon bidiyo ta VLC ki sauke gudun zuwa 0.96, sannan ki shiga saitin sauti ki kashe zaɓin da ke riƙe sautin a inda yake idan an canza gudu. In ba ki kashe shi ba, hoton zai rage sauri amma muryar za ta tsaya a sama. Kafin ki taɓa komai, ki gwada waƙa ɗaya ta fim ɗin da ta faifai: in sun zo daidai, kwafin lafiyarsa ƙalau, ki bar shi yadda yake.