'Yan sanda sun ce ba huruminsu ba ne, to ya zan karɓi kuɗina?

Mai tambaya: Assalamu alaikum 'yan uwa. Tun kafin azumi na ba wani buhun masara 40 a nan Kano. Ƙanin matar yayana ne, unguwa ɗaya muka tashi, ko a bikinsa ni na biya kuɗin rumfa da kujeru. Ya ce zai kai kudu, ya biya cikin sati uku. Ya turo kuɗin buhu 12 ta banki, daga nan sai gobe sai jibi, yau wata biyar. Na je caji ofis suka ce bashi ne, in tafi kotu. Wani ya ce in ba da kuɗin mai a kama shi, ko a ɗauko mahaifinsa don ya fito. In yi?

Barista: Wa alaikumus salam. Malam, kada ka soma. Sashe na 32(2) na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum a kan bashi ko saɓa yarjejeniya, sashe na 36 kuma ya hana kama wani a madadin wani. In ka sa aka tsare shi, yana iya kai ƙarar take masa haƙƙi, a ci ka diyya kai da 'yan sandan. Ka ciro takardar asusunka mai nuna kuɗin da ya turo, ka adana saƙonninku na waya, ka rubuta masa wasiƙar neman biya da wa'adin kwana 14. In bai biya ba, ka je kotun ƙananan da'awa da Kano ta buɗe a 2019, ko kotun Musulunci.

Hajiya mai hatsi: Ɗana, kotu ai sai takalminka ya ƙare. Ka fara da shugabannin kasuwa, a zaunar da shi ya sa hannu zai riƙa biyan buhu biyar duk wata, da mai tsaya masa. Masu ɗaukar kaya yanzu ba sa tsoron Allah, mu masu bayarwa kullum mu ne a ƙasa. Akwai shaida lokacin lodi?

Ɗan kasuwa: Wannan ai cin amana ne, sashe na 312 na Penal Code, wato kundin hukunta laifuka na Arewa. Ka koma ka rubuta ƙorafi ga kwamishinan 'yan sanda.

Barista: A'a, Alhaji. In mai tambaya sayar wa surukin nasa ya yi bashi, masarar ta zama ta surukin, saura kuɗi a wuyansa. In kuwa damƙa masa ya yi don ya sayar a madadinsa, ya sayar ya cinye, nan ne cin amana ke shigowa. Biyan buhu 12 ma yana raunana zargin damfara, don sai an nuna tun farko bai yi niyyar biya ba. Da cek ya bayar banki ya dawo da shi ba kuɗi, da laifi ne ƙarƙashin dokar cek mara kuɗi ta 1977. Malam, a wace fuska ka ba shi?

Mai tambaya: Barista, wa ke rubuta takarda da suruki? Direba da 'yan dako sun gani. Kuma ni ba ɗaure shi nake so a yi ba, ya kwana ɗaya kawai ya tsorata.

Barista: Kwana ɗayan ne zai ja maka. Ba ka amsa min ba.

Mai tambaya: Cewa muka yi in ya sayar ya kawo. Yayana kuma ya rantse in na je kotu babu ni babu shi.