Allo da Alƙalami a Gidan Yari

Ɗan Goron Dutse:
Salamu alaikum 'yan zaure. Ƙwar biyu ce, amsa-amo "ri". Mai baiti ya ɗora.

Bismilla na buɗe zauren waƙa,
Zancen na yau na mutan gidan yari.

NOUN ta kai musu jami'a har ɗaki,
Kuje da Kirikiri ana ta nazari.

Ko sisin kwabo ba za su biya ba,
Wanda ya dage ya fita da digiri.

Ran da aka buɗe masa ƙofa,
Ilimin da ya samu shi ne jari.

NOUN ita ce jami'ar karatu daga gida ta ƙasa. Zamanin da Farfesa Abdalla Uba Adamu ke shugabantarta aka yafe musu kuɗin makaranta, kuma a 2018 UNESCO ta ba hukumar gidajen yarin Najeriya lambar yabo kan shirin. Abin a yaba ne.

Uwar Marayu:
Ɗan Goron Dutse ka rage guɗa,
Ka yabi rufin ɗaki, gindi ba tauri.

Digiri sai wanda ya gama sakandare,
Su nawa ne, faɗa mini, cikin ɗari?

Da yawa ba su san baƙi da wasali ba,
Sa hannunsu dangwale ne tun fari.

A fara musu da a-ba-ca-da tukuna,
Sai an yi rarrafe ake tafiya da sauri.

Baban Hanan:
Allah ya ja zamaninki Hajiya! An gama magana. Ɗan Goron Dutse, tattara allonka.

Tsohon Gandiroba:
'Ya'yana, ku duka biyun kun tsallake babbar matsalar. Wajen kashi biyu cikin uku na waɗanda ke tsare a ƙasar nan ba a yanke musu hukunci ba, jiran shari'a suke. Dokar 2019 ta mai da sunan ya koma gidan gyaran hali, ta kuma kawo hukuncin da ba na ɗauri ba, kamar aikin al'umma. Amma cunkoso na nan. Ni ƙwar huɗu na iya, ku yi haƙuri.

Na riƙe makulli na gani da idona,
Ɗaki a cike har babu wurin kwana,
Mai jiran shari'a ya zauna ya zauna,
Wane darasi ne zai shige shi?

Yau a ce kotu, gobe a ɗage,
Fayil ya ɓace, lauya ya noƙe,
Beli ya gagara, dangi sun janye,
An sai da gona, ga tarin bashi.

Malam Mai Aruli:
Baba Gandiroba, maganarka gaskiya ce, amma an ce "ri" ka kawo "shi". Kai ma Ɗan Goron Dutse, baitinka na biyu ya karye. "Da Kirikiri" gaɓa biyar ne marasa nauyi a jere. Wane kari ne ke ɗaukar haka? Ba Kamil ba, ba Mutadarik ba.

Ɗan Goron Dutse:
Malam Mai Aruli ajiye sikeli,
Ba ni na raɗa wa gidan suna ba tun fari.

Kana auna gaɓa mai nauyi da sauƙi,
Wasu na can suna auna tsawon ɗauri.

Baban Hanan:
Kai! Wannan ta shiga. Na dawo bayanka Ɗan Goron Dutse.

Malam Mai Aruli:
Waƙar da ta rasa ma'auni,
Hira ce aka naɗa wa rawani.

Tausayin ɗaurarre ni ma ina da shi,
Baitinka ne ke neman magani.

Bazazzagi:
Faɗa masa Malam! Mu a Zariya ba a wasa da kari. Bakano dama ko baiti zai auna sai ya tauye mudu.

Ɗan Goron Dutse:
Bazazzagi, kawo baiti ko ka zauna a layin 'yan kallo.

Malam Mai Aruli:
Sauƙin gyaran ma, ka bar Kuje kaɗai a ɗangon, ka cika da wata kalma. Ba sai an yi rigima ba.

'Yar Sakkwato:
Na zo a makare, wuta ce babu tun jiya.

Ku bar gardamar kari ku ji tarihi,
Fursunonin Badar, abin nazari.

Mai iya rubutu da ya rasa kuɗin fansa,
Ya koya wa yara goma cikin gari.

A can ɗaurarre ya koyar da 'yantacce,
Mu namu ko harafi babu, ina tsari?

Ƙa'idojin Mandela na Majalisar Ɗinkin Duniya, na 2015, sun ce karantar da fursunan da bai iya karatu ba wajibi ne, haka ma matasa. Kuma tun gyaran tsarin mulki na 2023 jihohi na da ikon shiga harkar gidajen gyaran hali. Me zai hana hukumomin yaƙi da jahilci na jihohinmu su kai aji ciki?

Ɗan Goron Dutse:
Madalla 'Yar Sakkwato, kin ba ni sanda.

Uwar Marayu ki dawo ki ji amsa,
Ɗan digirin nan ai malami ne a wuri.

Shi zai zaunar da na bayansa,
Ya ɗora su kan baƙi da wasali da wuri.

Malam Mai Aruli:
"Wuri" sau biyu a jere. Aibi ne.

Tsohon Gandiroba:
Malam, bar yaro ya yi magana. Abin da ya faɗa na gan shi. Wanda ya yi makaranta a waje ya tara 'yan ɗakinsa yana koya musu da gawayi a ƙasa. Alli da littafi suka rasa.

Uwar Marayu:
Na ji ka, na kuma ba ka wannan,
Saura tambaya ɗaya mai tauri.

Ya fito da takarda a hannu,
Unguwa na nuna shi: "ɗan gidan yari."

Kai mai shago a Kantin Kwari,
Za ka ba shi makulli da jari?

Ka amsa da baiti, kar ka turo mini Baban Hanan.