Shawarwarin masu jagorantar yawon ƙafa a unguwannin masu zane

A wata tattaunawa kan yadda ya kamata a tsara irin wannan yawo, yawancin jagororin da suka tofa albarkacin bakinsu sun ce kada ayari ya wuce mutum 12, don in ya fi haka na baya ba sa jin muryar jagora. Kilomita 3 cikin awa 2 ya wadatar.

An fi jan magana kan zanen bango. Yau ga zane, mako mai zuwa an shafe shi da fenti, don haka jagora ya zaga hanyar ana gobe tafiya. Babban zane kuma daga tsallaken titi ake kallonsa. A gindinsa sai dai ka ga bulo da ɗigon fenti.

Hoto kuwa, a nemi izini kafin a ɗauki mai shago ko masu fitowa daga wurin ibada.