An soke takardar filina, diyya shiru: ko kotu za ta iya tilasta musu?

Assalamu alaikum. Lauyoyi da masana harkar filaye, don Allah a taimaka.

Gwamnatin jiharmu ta soke takardar mallakar filina saboda aikin hanya, an kawo mini sanarwa bisa sashe na 28 na Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978. Ban ja da wannan ba. Damuwata ita ce diyyar da sashe na 29 ya tanada, domin akwai katanga, rijiya da ɗakuna biyu da na kai linta. Masu ƙiyasi sun zo sun auna, sun ɗauki hotuna, aka rushe ginin. Tun daga nan ko takardar adadin kuɗin ban gani ba.

Na rubuta takardar koke, an buga mata hatimin karɓa, babu amsa. Na nemi a miƙa maganar ga Kwamitin Amfani da Rabon Filaye kamar yadda sashe na 30 ya ce, aka ce ai babu saɓani tunda ba a faɗi adadi ba. Kullum dai fayil na kan teburin oga. Ba su ce ba za su biya ba, kuma ba su biya ba.

Wani lauya ya ce in nemi Babbar Kotu ta ba da umarnin mandamus, wato umarnin tilasta wa hukuma yin aikin da doka ta ɗora mata, wani kuma ya ce wa'adin wata uku na shigar da ƙara da ke cikin Dokar Kare Jami'an Gwamnati ya riga ya wuce ni.

Tambayata: idan ofis ya yi shiru bai yanke komai ba, wa'adin nan zai hana kotu tilasta masa ya fitar da ƙiyasin diyyata?

Na gode.