Wai mijin Lucia Bosè mahauci ne?

Mai Tsohon Fim: Abin na ci min rai wallahi. Sati guda ina ba ku labarin 'yar fim ɗin Italiya Lucia Bosè ko mutum ɗaya bai tanka ba. Yarinyar da aka haifa a Milan a 1931, tana tsaron kantin kayan zaƙi ta ci sarauniyar kyau ta Italiya a 1947, shahararriyar 'yar fim Gina Lollobrigida ma ta uku ta zo, darakta Antonioni ya ba ta jarumar fim ɗinsa na farko a 1950, tauraruwarta na tsaka da haskawa ta auri wani mahauci ɗan Sifaniya a 1955, shi ke nan ya zaunar da ita sama da shekara 10. Shi ya sa yau kowa Gina ya sani.

Ɗan Fawa: Malam dakata, wane ne mahaucin?

Mai Tsohon Fim: Luis Miguel Dominguín mana.

Ɗan Fawa: Wannan ai wasan bijimi yake a fili jama'a na tafi, ka taɓa jin ya kasa nama a tire? Kuma yadda ka furta kalmar nan akwai raini a ciki, gidanmu fawa muka gada kaka da kakanni.

Yaya Babba: To ba kashe san yake ba a ƙarshe? Wanda sana'arsa kashe sa me sunansa?

Ɗan Fawa: Soka masa takobi yake ta doro Yaya, ba yanka ba ne. Mushe kenan a wurinmu.

Autan Hajiya: Ni a ganina ɗan hawan ƙaho za a ce.

Yaya Babba: Auta hawan ƙahon su wa ke yi in ba mahauta ba? Ka dawo kan maganata.

Autan Hajiya: Ke dai Yaya duk inda aka taɓa maza kina gaba, tun rigimar kuɗin adashi kike jin haushina.

Yaya Babba: Ka biya zubin watan jiya tukuna sai ka yi magana.

Mai Tsohon Fim: Jama'a matar fa nake magana! Bayan sun rabu ta koma fim, har darakta Fellini ya sa ta a fim ɗinsa a 1969, ɗanta Miguel Bosé ya zama babban mawaƙi, ta rasu a Segovia ta Sifaniya a 2020 tana shekara 89, gashinta rine da shuɗi.

Autan Hajiya: Shuɗi kuma? A wannan shekarun?

Ɗan Fawa: Bari in taƙaita tunda dare ya yi. An dai yarda mutumin ba mahauci ba ne, Yaya ce kawai ta ƙi kuma kowa ya san dalilinta. Da mahauci ta aura da ba a ji kansu ba. Saura ka janye kalmar Malam.

Mai Tsohon Fim: Wa ya yarda? Ban janye ba.