Izinin fayil ya hana lancar wasa aiki: wa ya taɓa shiga wannan, kuma ya aka ƙare?

Jan_Mausi:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Kwana uku ke nan ina kokawa da abu ɗaya. Na sake wa kwamfutata Windows gaba ɗaya saboda ta yi nauyi, amma diski na biyu da nake zuba wasanni ban taɓa shi ba, na bar shi yadda yake don kar in sake sauke komai daga farko. Na saka Steam, wato lancar da ke saukewa da tayar da wasanni, na nuna masa tsohuwar foldar, ya jero wasannin tas har na fara murna. Da afdet ɗin wani wasa ya zo sai ya tafi har dab da ƙarshe ya tsaya cak, ya rubuto "Missing file privileges". Na sake gwadawa, haka. Na kashe na kunna, haka. Abin da ya fi ba ni haushi, in na shiga foldar da hannuna ga fayilolin nan ƙuru-ƙuru ina kallonsu, amma in na ce zan goge ɗaya sai a ce sai na nemi izini daga wani, wanin kuma ba suna ba ne, wasu dogayen lambobi ne masu farawa da S-1-5-21. Kwamfuta tawa, diski nawa, to izinin wa kuma zan nema? Don Allah wanda abin ya taɓa samu ya faɗi yadda tasa ta kasance, ba abin da ya ji ana faɗa ba.

Gaggawa99:
Wa alaikumus salam. Danna dama a kan lancar ka zaɓi "Run as administrator" shi ke nan. Ni duk abin da ya yi min gardama haka nake masa.

Ƙaramin_Gida:
Hhh Gaggawa wannan shawarar taka ce ta sa na kusa yin kuka wata rana. Kwamfutar Yayana nake amfani da ita, ya buɗe min akawun nawa daban wanda ba na admin ba. Rannan lancar ta ƙi yin afdet sai na roƙe shi ya zo ya sa fasuwod ɗinsa aka buɗe ta a matsayin admin, afdet ya tafi lafiya lau, na shiga wasa sai na tarar da shi fayau kamar yau aka saka, duk inda na kai na wata biyu babu. Wallahi jikina har rawa yake. Ashe in ka buɗe abu da fasuwod ɗin wani to da akawun ɗinsa abin ke gudana, sai wasan ya je yana neman sef, wato ajiyar inda na kai, a AppData ɗin Yaya, foldar da kowane akawun ke da tasa daban, nawa kuwa suna nan kwance a nawa ba abin da ya taɓa su. Da na rufe na buɗe yadda na saba sai ga komai ya dawo. Tun daga ranar in za a sa fasuwod to afdet kawai ake yi a rufe.

Tsohon_Sukudireba:
Malam Jan_Mausi lambobin nan da ka gani su ne amsar tambayarka. Windows bai san ka da suna ba, lamba yake ba kowane akawun, ana ce mata SID. Da ka sake Windows, ko da sunan da ɗin ka sake sawa harafi da harafi, sabuwar lamba aka yanka maka. Diskin kuma tunda NTFS ne, wato tsarin ajiye fayil na Windows, yana riƙe da rubutun wa ke da me a jikin kowace folda, har yanzu tsohon kai yake jira, sabon Windows ɗin kuma bai san mai wannan lambar ba shi ya sa yake nuna maka ita tsirara ba suna.

Ni ya same ni lokacin da na ciro diski daga tsohuwar kwamfutata da madabod ɗinta ya ƙone na jona a sabuwa. Abin da na yi: na rufe lancar gaba ɗaya har ta ƙasa kusa da agogo, na buɗe Command Prompt a matsayin admin, na rubuta

takeown /f "D:\SteamLibrary" /r /d y

wannan ya maida mallakar foldar da duk abin da ke cikinta hannuna, sannan

icacls "D:\SteamLibrary" /reset /t /c

wanda ke share tsofaffin izinin ya sa foldar ta gaji na diskin da take zaune a kai. Ka canza hanyar zuwa ta foldarka. Rubutu zai yi ta gudu a allo kamar ba zai ƙare ba in fayilolin suna da yawa, ƙyale shi ya gama. In ba ka son baƙin allo, ta Properties, Security, Advanced ma ana yi, ka canza Owner ka sa alama a akwatin da ke cewa a haɗa har da na ciki.

Amma akwai abin da ke min wasi-wasi. Diski na biyu in ba a taɓa masa komai ba yawanci duk wanda ya shiga da akawun yana iya rubutu a kai, ko an sake Windows. Ka tabbata ba ka taɓa kulle foldar nan da kanka ba?

Kai kuma Gaggawa, admin zai iya sa ya wuce yau, ban musa ba. Sai dai foldar tana nan a karkace, gobe ma sai da admin, kuma duk wasan da lancar ta tayar shi ma da cikakken iko zai tashi, har da mod ɗin, wato ƙarin da wani ya haɗa wa wasa, da ka sauko da shi daga inda ba ka sani ba.

Gaggawa99:
To ni dai shekara nawa ina yi ban ga komai ba. Iyaka dai maɓallin magana na Discord, manhajar hira da murya, ba ya aiki in ina cikin wasa sai shi ma na buɗe shi da admin.

Tsohon_Sukudireba:
Ai ka ga komai ke nan ɗan uwa. Manhajar da ba ta da iko ba a bari ta ji maɓallan da ake dannawa a tagar wadda ke da iko. Ka ɗaga ɗaya dole ka ɗaga ɗayar, haka za ka yi ta ɗagawa.

Hajiyar_Sef:
Tawa daban ce, ba wani saƙon kuskure mai hankali da na gani ma. Wasa na tashi lafiya, in yi awa biyu ina bugawa, in yi sef, in dawo washegari a maida ni baya kamar ban yi komai ba. Wani wasan kuma lancarsa ce ke cewa ta kasa ƙirƙirar folda. Na cire na sake sakawa har sau biyu, na zargi wasan, na zargi diski, ashe ni ce da hannuna. Na karanta labarin masu kulle wa mutane fayiloli su nemi kuɗin fansa sai tsoro ya kama ni na je Windows Security na kunna "Controlled folder access" na manta da shi kwata-kwata. Shi kuma aikinsa ke nan, ya tsare Documents da Pictures da ire-irensu, manhajar da bai yarda da ita ba ba za ta rubuta komai a ciki ba, wasanni da yawa kuwa a Documents suke ajiye sef. Da na buɗe tarihin abubuwan da ya tare sai ga sunan wasan nan a jere reras, duk lokacin da na yi sef an rubuta. Ban kashe shi ba, na dai ƙara wasan cikin waɗanda aka yarje wa. Ku lura fayil ɗin wasan kansa za ku ƙara ba lancar kaɗai ba, ni sai da na yi kuskuren nan ma tukuna.

Resmon_Boy:
Wani lokacin fa izinin lafiyarsa ƙalau, wani ne kawai ya riƙe fayil ɗin bai saki ba, lancar kuma ba ta bambancewa sai ta ce maka ba izini. Ni antibairos ɗina ne, ba zan kama suna ba, yana cikin binciken fayil ɗin da ake saukewa ita kuma lanca tana son ta matsar da shi, sai su yi karo. Yadda na kama shi: na buɗe Resource Monitor, shafin CPU, akwai wurin bincike a Associated Handles, na rubuta sunan foldar wasan sai ga wanda ke riƙe da ita ya fito ɓaro-ɓaro. Na sa foldar wasanni cikin waɗanda ba ya bi, na goge abin da ke cikin steamapps\downloading, afdet ya tafi sumul. Wani karon kuma wasan ne da kansa bai mutu ba, na rufe shi amma yana nan a Task Manager yana numfashi.

Pengwin_Baƙi:
Mu 'yan Linux namu salon daban amma ciwon ɗaya ne. Na kwafo wasanni daga wani diski da sudo cp, wato kwafi da ikon admin, saboda ƙiwar duba dalilin da ya sa cp zalla ya ƙi, sai duk fayilolin suka zama na root, babban akawun na Linux. Steam yana ganinsu, ba ya iya taɓa su. ls -l ɗaya na yi na ga root root an jera daga sama har ƙasa, na ce to ga ɓarawon. sudo chown -R da sunana a kan foldar, wanda ya maido min da mallakarta, ya gama zancen. Kar wanda ya ce min chmod 777, wato a buɗe wa kowa izini duka, don Allah, wannan cire ƙofar ɗaki ne don makulli ya ɓata.

Na biyun ya fi wahalar da ni. Ina da Windows da Linux a kwamfuta ɗaya suna raba diskin NTFS, yau ya yi rubutu gobe ya ƙi, ba tsari. Ashe Fast Startup ne, in ka kashe Windows da shi a kunne ba mutuwa yake yi duka ba, rabin barci yake, sai Linux ya ga diskin kamar ana kan amfani da shi ya buɗe shi a karatu kawai don kar ya ɓata. Ranar da na fito ta Restart lafiya, ranar da na yi Shut down matsala. Da na kashe Fast Startup ɗin abin bai sake dawowa ba. Mai amfani da Flatpak kuma, wata hanyar saka manhaja a Linux, ya sani a killace manhajar take, sai ka ba ta izinin ganin diski na biyu da kanka, manhajar Flatseal na sauƙaƙa wannan.

Na_Tuba:
Gargaɗi kawai na zo yi tunda na ga an kawo takeown. A kan foldar wasa kaɗai fa. Ni da ya yi min aiki sau ɗaya sai daɗi ya kwashe ni na ce bari in yi wa C gaba ɗaya in huta, har da WindowsApps da sauran wuraren da TrustedInstaller, akawun ɗin Windows na kansa, ke riƙe da su. Washegari manhajoji suka fara ƙin buɗewa ɗaya bayan ɗaya, har kalkuleta. Ƙarshenta sake Windows na yi. Sunana ya ishe ku bayani.

Shiru_Shiru:
In duk an yi waɗannan bai yi ba a duba lafiyar diskin. Nawa SSD ɗin da zai mutu kulle kansa ya yi, ana karantawa ba a rubutawa, na kwana biyu ina faɗa da izini a banza. Gwaji mai sauƙi: ƙirƙiri fayil ɗin rubutu a wata folda daban a diskin, ka yi ristat, ka ga ko yana nan.

Jan_Mausi:
Na dawo. Na fara da gwajin Shiru_Shiru, diski lafiya lau. Malam Tsohon_Sukudireba Allah ya saka da alheri, kuma tambayarka ta kama ni dumu-dumu, sai da na karanta ta sau biyu na tuna. Shekarar da ta wuce ƙanena ya taɓa goge min wasa yana neman wuri, cikin fushi na shiga Security na cire wa kowa izinin rubutu da gogewa na bar wa akawun ɗina shi kaɗai a kan foldar. To wancan akawun ɗin ya tafi da tsohon Windows, ni na kulle kaina a waje ke nan.

Na yi takeown ɗin, ya ɗau kusan minti goma yana zuba rubutu, na bi shi da icacls, ya ƙare ya ce babu fayil ko ɗaya da ya gagara. Na buɗe Steam haka nan ba admin, afdet ɗin ya sake tsayawa, gabana ya faɗi, sai na tuna maganar Resmon_Boy na goge abin da ke cikin downloading na kuma yi "Verify integrity of game files", ya sake sauko da 'yan fayiloli ya wuce. Yanzu haka wasan na buɗe a ɗayan allon.

Saura abu ɗaya, akwai wata folda a diskin mai suna System Volume Information ita ma ta ƙi buɗuwa, in yi mata takeown ɗin ita ma?

Na_Tuba:
Kar ka soma. Ta Windows ce, haka take a kowane diski. Je ka buga wasanka.