Na zana wa CM4 allon goyo, wuta ta kama amma ya ƙi tashi

Auwal: Assalamu alaikum. Don Allah a taimaka, kaina ya ɗaure. Aikin kammala karatuna ne, na'urar lura da famfon ban-ruwa. Da ƙaramar kwamfutar nan Raspberry Pi 4 na fara, malamina ya ce in koma Compute Module 4 (CM4), wanda ba shi da ramukan jona waya, in zana allon da zai goya shi. Na sauke fayilolin KiCad (manhajar zana allon lantarki) na CM4IO, allon goyon da kamfanin Raspberry Pi ya yi wa CM4, na zubar da abin da ba na buƙata, na bar HDMI ɗaya, USB da ramin katin SD. Kuɗin bugun ma yayata ce ta ranta mini, sati uku ina jiran allunan. Jiya na liƙa mahaɗan nan biyu masu ƙafa ɗari-ɗari, na ba shi wuta. Fitila ta kama, talabijin baƙi ƙirin. Saura kwana 12 in gabatar.

Injiniya Bashir: Wa alaikumus salam. Hawa nawa na tagulla ka buga a allon?

Auwal: Biyu, ranka ya daɗe. Huɗu ya fi ƙarfin aljihuna.

Injiniya Bashir: Shi ke nan, an gama magana. Layukan HDMI tagwaye ne, om 100 suke so, na USB om 90, da shimfiɗar giraun (tagullar 0V) a ƙarƙashinsu ba yankewa. Ka sake bugawa kawai.

Maryam: Injiniya, kafin ya sake kashe kuɗi. Auwal, CM4 ɗinka Lite ne, mai tashi daga katin SD, ko mai eMMC, wato mai ma'ajiya a jikinsa? In mai eMMC ne, ramin katin nan ado ne, ba zai karanta ba. Sai ka ja ƙafar nRPIBOOT zuwa giraun, ka loda masa manhaja daga kwamfuta ta USB da shirin rpiboot. Sannan ƙafar GPIO_VREF, mai saita ƙarfin wutar ƙafafun GPIO, ka haɗa ta da 3.3V ɗin da CM4 ke fitarwa? Wajen share-share ake yawan yanke ta.

Auwal: Anti Maryam, zanen ai na kamfanin Raspberry Pi ne, ban taɓa komai mai muhimmanci ba. ERC ma, mai duba kurakuran zane a KiCad, bai yi ƙorafi sosai ba.

Maryam: "Sosai" kamar guda nawa?

Sadiq: Kai ka ma yi sa'a naka sun iso. Nawa wata biyu a hanya, da suka zo mahaɗin a juye na zana shi. Biyar ɗin suna nan, kofin shayi nake ɗorawa.

Injiniya Bashir: Tazarar ƙafafun milimita 0.4 ce, da ayan ɗin gyaran rediyo ka liƙa? Yaran yanzu ba sa karanta takardar bayanai. Ni na faɗa, hawa huɗu.

Maryam: Ko hawa goma ne, in bai samu abin lodawa ba, ba zai tashi ba. Sa mita a 5V ka faɗa mana, kada ya gaza 4.75.

Auwal: Hannuna na da kyau a liƙi, shekara uku ina gyaran waya. Mitar tana wurin abokina. Ni dai tambayata, in na sauya wayar HDMI zai iya yi?

Maryam: Lite ne ko eMMC, Auwal?

Sadiq: Wai akwai mai CM4 na sayarwa a nan?